Maƙwabcina ɗan Italiya zai tashi

Ƙanena Isufu,

Assalamu alaikum. Ina gajiya, ina iyali? Yaya ƙafar Hajiya? Ni dai jiki sai a hankali.

Hankalina a tashe yake. Ka tuna Aldo, maƙwabcina, wanda iyayensa suka zo daga Italiya aikin masaƙa a Vaulx-en-Velin? Masaƙar ta rufe tuni, mutanensu sun watse, shi kaɗai ya rage. Kowace safiya yakan buga bango in amsa, mu san kowa ya tashi da rai. Jiya ya ce mini, "Malam, ɗiyata za ta ɗauke ni zuwa Paris." In na faɗi a ɗaki, wa zai sani?

Ku sa ni a addu'a, Allah ya sa in cika a gaban mutane. Ka gaida yara.

Yayanka,
Mamman