Hannun Aro

Los Angeles, Maris 1946

Yaya Winifred,

Ina gaishe ki da kyau, ki gaida mijinki da yara. Yaya ƙafar Mama, kumburin ya sauka? Mu nan lafiya lau.

To, ƙanwarki ta shiga fim, amma kada ki yi saurin gaya wa maƙwabta, don fuskata ba za ta fito ba. Tauraruwar fim ɗin, cin farce take yi kamar ɓera, shi ne in za a nuna hannunta kusa sai a ɗauki nawa. Matar da ke ɗaukar ma'aikata ta jujjuya tafina ta ce, "Yarinya, fuskar dai sai haƙuri, amma hannun nan ya yi." Na rasa ko godiya zan yi.

Labarin wata mata ne da son miji ya yi wa yawa, har ba ta ƙaunar ya gaisa da kowa. Aikina in gyara wa mijin wuyan riga, in shafa masa kumatu.

Mijina Emmett ya hana ni wanke-wanke don kada hannun ya lalace. Da ya dawo daga tuƙin bas sai ya hau kwanuka yana waƙa. Kin san halinsa, ko mai kawo madara ne ya daɗe a ƙofa sai ya tambayi me muka ce, amma wannan karon murna yake yi.

Ƙanwarki,
Lavinia

Oktoba 1946

Yaya Winifred,

Da fatan kowa lafiya, sanyi bai matsa wa Mama ba. Na ga hoton yara, Dorcas ta kusa kamo ki.

Fim ya fito, mun je tare da Emmett. Da aka zo wurin shafa kumatu na ji ya saki hannuna. A hanya ya ce, "Haka kike shafa ni. Sak." Tun daga ranar, kullum aka tashi aiki sai ya biya silima ya sake kallo, mai sayar da tikiti har ta san shi.

Na so in kwantar masa da hankali, sai na ce ai fuskar da na shafa ba ma ta jarumin ba ce. Manya ba sa tsayawa wannan ƙaramin aiki, su ma ana yi musu aron kumatu. Na wani Mista Pruitt ne, bawan Allah mai warin albasa, ina shafawa darakta na yi mini tsawa. Na zaci zai yi dariya. Sai ya ce, "Au, har sunansa kin sani?" Da can da hoton silima yake kishi, yanzu ni da bakina na ba shi mutum mai rai. Jiya a ƙofar kamfaninmu na fim na same shi yana leƙa fuskar duk wanda ya fito.

Bai taɓa ɗaga mini murya ba, Yaya. Abin ne dai ya fara ba ni tsoro.

Taki,
Lavinia

Disamba 1946

Yaya Winifred,

Ina gaisuwa, ki yi haƙuri da rubutun, yatsuna ne ba sa lanƙwasuwa sosai.

Emmett ya bar wanke kwanuka, ya ce bayansa na ciwo. Ya sayo sabulu mai kaifi, irin na wanke garejin bas, ya ce daɓen gidan ya yi dauɗa. Safar hannuna kuma ta yi ɓatan dabo. Ni da wautata na durƙusa ina ta gurza, ina cewa miji ya gaji. Ranar Litinin aka kira ni sabon fim, matar nan mai ɗaukar ma'aikata ta dubi hannuna duk ya tsattsage ta ce, "Ke, ƙaguwa kika zama? Je ki gida."

Na dawo ina kuka na gaya masa. Ya zaunar da ni, ya shafa mini mai a hankali, ya sumbaci kowane yatsa ya ce, "Bar kuka, 'yar gidana. Ni a haka ma sun fi mini kyau." Na ɗaga kai na ga fuskarsa. Rabon da in ga farin ciki irin wannan a idonsa tun ranar aurenmu. A nan na gane inda ciwon bayan ya fito.

Ki gyara mini ɗakin baya, zan shigo jirgin ƙasan ranar Alhamis. Kada ki zage shi a gaban Mama, don har yanzu ina son sa, ba zan ɓoye miki ba. Shi ya sa zan fita yana wurin aiki. Na san kaina, in na tsaya sallama ya riƙe hannuna, ba inda zan je.

Sai na iso.

Ƙanwarki,
Lavinia