Baba a Kaset ɗin Walima

Rano, daren Laraba

 Yau wani Bature ɗan Hangari, da ya tsufa yana shirya fim da wasannin talabijin a ƙasarsu, ya zo ganin duwatsun Rurum, na jawo shi shagona na ɗaukar bidiyo. Na saka masa kaset ɗin da nake taƙama da shi, na walimar ciyaman a Kibiya. Ni fa ba wanda ya koya mini kyamara!

Mutumin nan ya dinga tura kaset gaba, ya wuce jawabai, ya wuce manyan baƙi. Sai ya tsaya inda nake tsallakewa kullum don kunya, inda na manta kyamara a kunne na tafi alwala. Wani tsoho ne a gindin darbejiya, yana ɓare goro yana murmushi shi kaɗai.

Ta bakin tafinta ya ce, "Wannan ne kaɗai fim. Wane ne shi?"

Na matsa kusa. Innalillahi, Baba ne. Wata bakwai da rasuwarsa, ba mu da hotonsa ko ɗaya, kuma gobe na shirya ɗaukar biki a kan kaset ɗin nan, in goge abin da ke ciki.

Yanzu na ɓalle ɗan haƙorin nan na jikin kaset ɗin, wanda in babu shi ba mai iya sake ɗauka a kai. Allah ya jiƙanka, Baba.