Rasuwar Uwargida Hester Lindqvist Varga, Gwanar Dandamali da Talabijin

Cikin alhini mai nauyi da miƙa wuya ga hukuncin Ubangiji, Mai Girma Shugaba, 'yan Majalisar Amintattu da ɗaukacin mambobin Ƙungiyar 'Yan Wasan Dandamali da Talabijin ta Gaɓar Gabas sun sami labarin rasuwar uwa a gare mu, malamarmu, tsohuwar Mataimakiyar Shugaban wannan ƙungiya, kuma mai riƙe da lambar girmamawarta mafi daraja, Uwargida Hester Lindqvist Varga, wadda Allah Ya karɓi ranta da hantsin ranar Talata, 14 ga Maris, 1989, a gidanta da ke Brooklyn, tana da shekara sittin da takwas a duniya, bayan doguwar jinya.

An haifi marigayiyar a garin Duluth na Amurka, mahaifinta ɗan dako ne a tashar jiragen ruwa. Ta iso New York a 1940 da akwati ɗaya da rigar sanyin mahaifiyarta, inda masu ɗaukar 'yan wasa suka yi ta sallamarta da cewa ta cika tsayi, kuma muryarta ta yi kauri ga mace. Shekara huɗu ta yi tana haddace maganganun da wasu za su faɗa a wasa tana zaune a bayan labule, har ranar da aka rasa mai hawa dandamali aka tura ta. Waɗanda suka kalle ta a wancan zamani, cikinsu har da dattawan da ke cikin majalisarmu a yau, sun shaida cewa Uwargida Hester takan yi raɗa a tsakiyar dandamali, mai zaune a kujerar ƙarshe ta bene ya ji kamar a kunnensa aka faɗa, kuma idan ta yi shiru, mutum dubu sukan riƙe tari har sai ta motsa.

Ba za mu iya ƙirga wasanninta a wannan takarda ba, amma akwai rana ɗaya da ta zama wajibi mu ambata. A watan Oktoba na 1952, lokacin da ake watsa wasan talabijin kai tsaye, ba yankewa ba gyara, tana zaune a teburin cin abinci da dattijo Mista Augustus Pell, wanda ke fitowa a matsayin mijinta, sai ciwon shanyewar ɓarin jiki ya buge shi ana tsakiyar magana. Ita kaɗai ta ga bakinsa ya karkace, cokali ya zame daga hannunsa. Ta miƙe ta tsaya tsakaninsa da kyamara, ta riƙe hannunsa, ta faɗi abin da babu shi a rubuce: "Yi shiru, maigida, na san abin da za ka ce. Shekara talatin ina jin sa." Daga nan ta taka a hankali zuwa taga, kyamara ta bi ta, ma'aikata suka sami sararin ɗauke dattijon zuwa asibiti. Minti goma sha ɗaya ta yi tana magana da kujerar da babu kowa a kanta, tana faɗin nata tana amsa nasa, har wasan ya kai ƙarshe, kuma miliyoyin da ke kallo a gidajensu ba su san an yi komai ba sai da jaridu suka buga washegari. Ko kwalliyar fuskarta ba ta tsaya gogewa ba ta bi shi asibiti. Mista Pell ya ƙara shekara shida a duniya. Duk lokacin da aka yaba mata wannan rana, sai ta yi dariya ta ce, "Wace gwaninta? Tsoro ne ya hana ni rufe baki."

Shekara biyu bayan haka, a zamanin da zargi kaɗai ya isa ya raba mutum da sana'arsa, wani kwamitin bincike na gwamnati ya kira ta, ya nemi ta lissafa sunayen abokan aikinta da suka halarci wasu tarurrukan siyasa, da alkawarin cewa idan ta yi haka ba za a taɓa aikinta ba. Amsarta tana nan a rubuce: "Ranka ya daɗe, sana'ata ce in faɗi maganar da aka ba ni, amma sai na karanta na yarda. Wannan na karanta, ba zan faɗa ba." Kafin mako ya zagayo an cire ta daga kowane shiri. Shekara shida ba a ga fuskarta a talabijin ba. Ta koma ɗakin ƙasa na wata majami'a a Brooklyn tana koyar da wasa, ta yaye ɗalibai sama da ɗari biyu, cikinsu har da mai sa hannu a wannan takarda. Da aka dawo da ita a 1960, ta ƙara shekara ashirin da shida tana aiki, kuma ko da yake ta san wanda ya kai sunanta gaban kwamitin, ta sake hawa dandamali da shi ba tare da wani ya ga alama a fuskarta ba. A watan jiya, da na je gaishe ta, na roƙe ta ta faɗa mini sunansa domin tarihi. Ta dube ni ta ce, "Conrad, shi ma ya tsufa, jikokinsa na ganin girmansa. Bar shi ya ci abincinsa lafiya." Da sunan ta tafi.

A madadin Mai Girma Shugaba da ɗaukacin mambobi, muna miƙa ta'aziyyarmu ga mijinta, Dakta Miklos Varga, wanda ya tsaya da ita a shekarun da ƙofofi suka rufe, da 'yarta, Uwargida Solveig Varga Dunmore, da jikokinta uku, da dukan ɗalibanta da masoyanta. Muna roƙon Allah Ya ji ƙanta, Ya haskaka makwancinta, Ya ba iyalanta ƙarfin zuciya da juriyar wannan babban rashi. Za a yi jana'izarta ranar Asabar da ƙarfe goma na safe a majami'ar da ta koyar a cikinta, kuma za a rage fitilun ƙofar gidajen wasa na mambobinmu na minti ɗaya kafin a ɗaga labule.

Akwai magana ɗaya da ta rage, wadda Majalisar Amintattu ta umarce ni in rubuta ba tare da sassautawa ba. A 1954, ranar da Uwargida Hester ta tsaya gaban wancan kwamiti, wannan ƙungiya ta yi taro, ta yanke shawarar yin shiru. Cikin sunayen da ta ƙi faɗa akwai na shugabanninmu uku na lokacin. Shekara talatin da biyar ba ta taɓa tuna mana ba, mu kuma ba mu taɓa ba ta haƙuri ba. Yau muna ba iyalanta haƙurin, a bainar jama'a, tunda ita mun makara ba mu ba ta ba.

Sa hannu:
Mista Conrad Abelson
Sakataren Yaɗa Labarai kuma Kakakin Majalisar Amintattu
Ƙungiyar 'Yan Wasan Dandamali da Talabijin ta Gaɓar Gabas
New York, 15 ga Maris, 1989