Mutuwar Sunday da Ake Sayarwa a Rumfar Gwate

Daga:
Misis Patience Sunday Dogo,
Layin Bohol, Mahuta,
Kaduna.
17 ga Nuwamba, 2025.

Zuwa ga:
Mai girma Shugaban Kwamitin Kula da Kasuwar Gindin Mangwaro,
Romi, Kaduna.

Ranka ya daɗe,

GAME DA: ƘARYAR DA MISTA NATHAN BAKO, MAI ZAGAYAWA DA BAƘI ƊANƊANON ABINCI, YAKE YI KAN RASUWAR MIJINA, DA HALIN DA TA JEFA MAHAIFIYARSA

Bayan gaisuwa ta ladabi da fatan kana lafiya tare da sauran dattawan kwamiti. Ni Patience, malamar firamare, matar marigayi Sunday Dogo, ina rubuto wannan takarda a madadin kaina da uwar mijina, Mama Saratu Dogo, wadda duk kasuwa ta sani da Maman Sunday mai gwate. Shekarunta sun haura saba'in, kunnenta na hagu ya mutu, na dama ma sai an ɗaga murya. A cikin 'ya'yan da ta haifa ɗaya ne ya rayu har ya girma, shi ne mijina, kuma ya rasu ranar 9 ga Yuni, 2019, bayan doguwar jinyar ciwon ƙoda. Ina roƙon mai girma Shugaba ya riƙe wannan dalilin rasuwa da kyau, domin shi ne abin da Mista Nathan ya ƙwace wa tsohuwar nan, kuma shi nake neman a maido mata. Ga yadda abin ya kasance:

1. A watan Maris na wannan shekara kwamitinku ya ba Mista Nathan izinin shigo da baƙi kasuwa duk ranar Asabar. Ya ce ya yi shekaru a ƙasar Italiya, a birnin Palermo, yana yi wa wani kamfani aikin zagayawa da mutane cikin kasuwanni suna ɗanɗana abinci, nan a ba su cuku, can zaitun, gaba kuma burodi da saifa. Ban musa ba, tunda ban je ba. Na dai yi mamakin mutum ya tsallaka teku don ya koyo cin kayan ciki, abin da ke gashe a kowane bakin titi na Gonin Gora. Baƙinsa daga Abuja da Legas suke zuwa, da 'yan Turawa masu aikin ƙungiyoyin agaji. Yakan fara da su wajen masu masa, su bi ta mai awara, su tsaya wajen tsiren Malam Abdulmalik, su ƙare da gwaten accan Mama. Abin da suka ci yana biya. Na faɗi wannan ne don kada wani ya ce kuɗi na zo nema.

2. Mista Nathan ya dawo daga Italiya da wata dabara. Kowane baƙo ana rataya masa 'yar ƙaramar rediyo a wuya mai igiyar sawa a kunne, shi kuma yana da ɗan makirfo manne a kwalar riga. Sai ya ja gefe ya riƙa magana ƙasa-ƙasa, baƙi suna jinsa tar, mai rumfar da ake magana a kanta kuwa ba ta jin komai ko da kunnenta garau yake. Ya gaya wa kwamiti saboda hayaniyar kasuwa ne, haka ake yi a can. Ban san ko a cikinku akwai wanda ya taɓa neman a sa masa abin a kunne ya ji me ake faɗa a kan mutanen da kuke shugabanta ba.

3. Tun Asabar ta biyu Mama ta lura baƙin nan suna kai cokali baki sai idonsu ya cika da ƙwalla. Wasu matan har share fuska suke, su kama hannunta su riƙe. Ta dawo gida cikin damuwa tana cewa attarugunta ya yi wa Turawa yawa, abin kunya ne baƙo ya ci abincinka yana kuka. Ta rage attarugu. Suka ci gaba da kuka. Ta cire gauta, wai ko ɗacin ne, ta rage yakuwa, wai ko tsamin ne. Kafin damina ta yi nisa gwaten da masu Keke Napep ke yin layi a kansa ya koma kamar kunun majinyaci, har tsofaffin masu saye a wurinta suka koma rumfar gaba. Mista Nathan yana gani. Ta tambaye shi da bakinta ko ta ƙara ragewa, ya ce e, ta ƙara, cikin baƙi ba ya ɗaukar yaji. Ranka ya daɗe, wannan mugunta ce, ba ni da wata kalma mai laushi da zan sa a wurinta.

4. Ranar Asabar, 4 ga Oktoba, na je taya Mama wanke kwanuka. Wata baƙuwa ta cire abin kunnenta ta ajiye kan benci don ta ɗaure gashinta, ni kuma na ɗauka na sa a nawa, don son ganin ƙwaƙwaf kawai. Sai na ji muryar Mista Nathan cikin Turanci mai sanyi kamar na fasto a gidan makoki. Yana cewa tsohuwar nan da suke gani, a gabanta aka kwantar da ɗanta tilo aka yanka a lokacin rikici. Yana cewa gwate ne abincin ƙarshe da yaron ya ci, shi ya sa ta rantse ba za ta dafa wani abu ba har ta mutu. Yana cewa kwanon da take rufewa ta ajiye gefe na ɗan ne, domin hankalinta ya ɗan taɓu, har yau tana jiran ya dawo. Ya ce su tauna a hankali, su ji ɗanɗanon hawayen uwa. A lokacin Mama tana tsaye da ludayi tana yi musu murmushi tana cewa su ƙara.

Ga gaskiya don a rubuta. Ba wanda ya taɓa Sunday da wuƙa. A gadon asibiti ya cika, hannunsa cikin nawa, bayan wankin ƙoda ya cinye filinmu da babur ɗinsa. Mama tana sayar da gwate tun kafin a yaye shi. Shi kuwa ko ƙamshin gwate ba ya so, shinkafa da wake ne abincinsa. Kwanon da ake rufewa nawa ne, nakan biyo in na tashi daga makaranta, ranar Asabar kuma da yamma, in ɗauka.

5. Da ya zo kan maganar yanka, na ga ya karkata kai wajen rumfar Malam Abdulmalik, baƙi suka waiga gaba ɗaya suna kallon mutumin yana yanyanka nama da wuƙarsa. Malam Abdulmalik ya ɗaga musu hannu, ya zaci gaisuwa ce. Mai girma Shugaba ɗan garin nan ne, ya san abin da magana irin wannan ke haifarwa idan ta fita daga kunnen baƙi ta faɗa kunnen samarin unguwa. Ba sai na ƙara komai a kai ba.

6. A ranar na tare Mista Nathan bayan baƙi sun shiga mota. Bai ko sunkuyar da kai ba. Ya ce min a Italiya ya koyi cewa baƙo ba abinci yake saye ba, labari yake saye, kuma ciwon ƙoda ba labari ba ne, ko a Turai suna da shi. Ya ce ai ya ɗaukaka mijina ne, da wa ya san wani Sunday mai gyaran janareta, yanzu kuwa har a Abuja ana kuka dominsa. Ya ce in ina son kaso in faɗa kai tsaye in daina kewaye-kewaye. Ranar Litinin, 6 ga wata, na kai kuka ofishinku, na sami Sakatare, Mista Ebenezer. Ya saurare ni yana danna waya. Ya ce zagayen nan ya fito da sunan kasuwa, wanda ya mutu kuma ya riga ya mutu, ko ta yaya aka ce ya tafi ba zai tashi ya musa ba. Ya ce in yi haƙuri. Na yi, ga abin da haƙurin ya haifar.

7. Na hana Mama fita ranar Asabar, na ce mata hutu take bukata. Ban gaya mata dalili ba, ina gudun abin da zai yi mata. Amma magana ta riga ta zaga layin masu abinci, wata ta tsinta ta kai mata har gida. Ranar 25 ga Oktoba, ina wajen taron iyaye da malamai, ta ɗaura zane ta hau Keke ita kaɗai ta je ta sami Mista Nathan, ta tambaye shi, a matsayinsa na ɗan da ta taɓa zuba wa gwate kyauta yana yaro, me ya sa ya ce an yanka ɗanta. Maƙwabtan rumfa uku sun ji amsarsa, kuma a shirye suke su maimaita a gaban kwamiti. A wannan karon bai yi ƙasa-ƙasa ba. Ya sunkuya daidai kunnenta mai ji, ya ce shi ba ya faɗin abin da bai ji ba, akwai abubuwan da yara ke ɓoye wa manya don tausayi. Ya ce ta je ta tambayi matar ɗanta me ya sa ba a buɗe akwatin gawar ba ranar jana'iza.

Ranka ya daɗe, ba a buɗe ba, gaskiya ne, kuma ya sani domin yana cikin waɗanda suka ɗauki akwatin kafin ya tafi Italiyarsa. Ciwon ya kumbura Sunday har fuskarsa ta sake kama. Fasto da dattawan dangi suka yanke shawarar kada uwa ta ga ɗanta a haka. Ranar da ya cika kuma Mama tana kasuwa tana neman abin da za a ƙara a sayi magani. Mutumin da ya san duk wannan shi ne ya zaɓi wurin da ya fi ciwo ya danna, don kawai kada ya ce ya yi ƙarya a gaban masu masa.

8. Tun daga ranar gidanmu ya zama wani abu dabam. Na fito da takardun asibiti, Mama ba ta karatu, ta ce takarda ai ni na karɓo. Fasto ya zo, ta ce har da shi aka rufe akwatin. Ta ce in ƙarya ce, me ya sa mutane masu ilimi, har da Turawa, za su riƙa zuwa daga nesa suna kuka a rumfarta wata da watanni, ita tana can tana rage attarugu kamar sakarya. Ta ce ashe duk duniya ta sani sai ita. Matar da na yi shekara goma sha huɗu ina kira Mama, wadda ta hana ni komawa gidanmu bayan rasuwar ɗanta ta ce ni ce 'yarta yanzu, ita ce yau take juya min baya idan na shiga ɗaki. Ba ta cin abin da na dafa. Ta rame har zane ba ya zama a ƙugunta. Shekara shida tana da ɗa wanda ya yi jinya ya tafi wurin Ubangiji cikin salama, yanzu kuwa ɗan da take gani idan ta rufe ido, kwance yake a ƙasa ana danne shi. Jiya da muka dawo daga coci ta kira ni, karo na farko cikin makonni, na zo da sauri ina murna. Abin da ta tambaye ni shi ne ko ya kira sunanta lokacin da suka sa masa wuƙar.

Saboda haka nake roƙon mai girma Shugaba, cikin ladabi:

Na farko, a dakatar da zagayen Mista Nathan, a kuma hana sa wa baƙi wannan rediyo a cikin kasuwa. Duk abin da za a faɗa a kan mai rumfa, a faɗe shi yadda mai rumfar zai ji. Na sami labarin ranar Asabar da ta wuce ya tsaya da baƙi gaban rumfar Mama a rufe, ya ce baƙin ciki ne ya kwantar da ita, suka ɗauki hoton benci.

Na biyu, a kira Malam Abdulmalik a sanar da shi abin da aka yi da sunansa da wuƙarsa, a kuma wanke shi a gaban 'yan kasuwa tun magana ba ta girma ba.

Na uku, kuma shi ne ainihin abin da ya kawo ni. A sa Mista Nathan a gaba a kawo shi gidanmu da ke Mahuta, tare da dattawan kwamiti, ya durƙusa daidai wannan kunne da ya zuba wa dafi, ya ɗaga murya ya gaya wa Mama cewa shi ya ƙirƙiro labarin don baƙi su ji daɗin gwate. Ba na neman ya ba ni haƙuri, ba na bukatarsa. Bakina ba ya aiki a wurinta, na fasto ma haka. A duk faɗin Kaduna mutum ɗaya tsohuwar nan ta yarda da maganarsa a kan mutuwar ɗanta, kuma shi ne maƙaryacin.

Ina roƙon kada a ce sai zaman kwamiti na ƙarshen shekara. Wanda ya ga Mama a makon nan ba zai ba da wannan shawara ba.

Ina miƙa gaisuwa da girmamawa ga mai girma Shugaba da dattawan kwamiti, Allah ya ƙara girma.

Taka cikin biyayya,

Patience Sunday Dogo (Misis)
Matar marigayi Sunday Dogo, wanda ciwon ƙoda ya kashe.