Farar Rigar da Sorina ta Zaɓa

Zuwa ga 'yata Otilia,

Bayan gaisuwa mai yawa, ina roƙon Ubangiji wannan takarda ta same ki lafiya, ke da tsohuwar da kike jinya a can Padova ta ƙasar Italiya. Allah ya ƙara miki haƙuri da ita, ya sassauta miki ciwon bayan nan da kike ɓoye mini alhali ina ganinsa a zamanki duk sanda kika kira. Mu nan muna nan yadda kika sani. Ƙanenki Gelu ya gama matsar inabi, matarsa ta samu aiki a gidan burodi, an yanke masara an shigar. Na sa miki cuku da kwalba biyu na miyar yalo a cikin kwali, direban motar da ke kai muku kaya zai miƙa miki. Takardar kuwa na ce ya sa ta a hannunki, kada ya bar ta wurin kowa. Kin san ni da biro ba ma shiri. Amma waya a hannun 'yarki take, ita ke kunnawa ita ke kashewa, tana manne da kafaɗata tana miki murmushi, to ta ina zan faɗa miki abin da ke ci na? Ki nemi wuri ki zauna kafin ki ci gaba.

Maganar Sorina ce. Kin san tun bazara ta daina zuwa makaranta a birni saboda hawan bene na tsayar mata da numfashi, kin kuma san an sa mata ranar aikin zuciya, Litinin ɗin da ke bayan idin Waliyyi Dumitru. Ta ce miki ƙaramin aiki ne, ni ma haka ta ce mini. Tun da ta dawo gida ba ta da abin yi sai wasan nan na talabijin da kika aiko mata. Da farko faɗa na dinga yi, na ce budurwa 'yar shekara sha tara ta wuni tana danna rimot kamar mai cire tsakuwa a wake, kaji ma sun fi ta motsi. Ta ce to tsohuwa mai bakin tsiya, zo ki zauna ki gani kafin ki yanke hukunci. Na zauna. Mutum biyu ne a ciki suna ratsa duwatsu da dazuzzuka. Ɗaya shi kake tuƙawa, ɗayar kuwa 'yar rakiya ce, tana biye da kai, ta ɗaukar maka kaya, in ka faɗi ta tashe ka. Wannan 'yar rakiyar kai ke ƙera mata kama yadda ka so. Ka ja wani ɗan layi hanci ya ƙaru, ka ja wani ido ya ƙanƙance, ka zaɓi gashi, ka zaɓi riga.

Ranar farko, Allah ya yafe mana, maƙwabciyarmu Tudora muka ƙera. Muka ja hancin har ƙarshen layi, muka ɗaura mata kallabi baƙi, muka sa ta bin wani jarumi a guje da gatari a kafaɗa. Na yi dariya har na yi fitsari kaɗan, Sorina kuwa sai da tari ya sarƙe ta na dinga shafa mata baya. Na ce a raina madalla da abin da zai sa yarinyar nan dariya, na daina faɗan.

Bayan 'yan kwanaki na shigo na tarar ta ciro madubin babanki na aski ta jingina shi a gefen talabijin. Ta duba madubi, ta duba allo, ta ja layi. Ashe kanta take ƙerawa. Ta ce Kaka, zo ki taya ni, ke kika fi kowa sanin fuskar nan tunda ke kika sha wanke mata majina. Na zauna ina ba da umarni kamar wata gwana, na ce haɓar ta yi tsini, goshin na babanta ne ki faɗaɗa shi, kunnen hagu ya ɗan fi buɗewa. Ta nemo tabo ta sa a gira, daidai inda ta fashe ranar da ta faɗo daga itacen nan na bayan gida kina nan. Har ɗan tawadar Allah na ƙarƙashin kunnenta ba ta bari ba. Da muka zo kan leɓe sai na ga ta zaɓi wani launi mai duhu, shuɗi-shuɗi. Na ce haba, wannan ai leɓen wanda ya kwana a ruwa ne, sa ja mana. Ta ce a'a, haka nawa suke. Na juyo zan ƙaryata ta, na dube ta a hasken taga. Otilia, haka suke. Kullum ina tare da yarinyar nan, ni ke ba ta abinci, amma sai da na gani a talabijin sannan na gani a fuskarta. Na tashi na ce tuwon masara zai kama.

Daga nan ta shiga neman riga. Wai kayan da ke ciki duk sulke ne da fatun kyarkeci, wadda take so sai an ci wani gari an kai saƙon wata masaƙiya kafin a samu. Ta yi kwanaki tana fama, har abinci sai na tsaya a kanta. Ran Alhamis da la'asar na shigo daga lambu da kwanon barkono a hannu, na ɗaga kai. Ga Sorina tsaye a cikin allo, fuskarta sak, cikin farar riga har ƙasa, da mayafi, da rawanin fararen furanni a ka, hannuwanta a harɗe a ƙirji. Kwanon ya suɓuce mini. Na yi ta maza na ce iye, ashe da magana, wane ɗan banza ne ya sace mana zuciya ba mu sani ba, ɗan mai gyaran taya ne ko? Ba ta yi dariya ba. Ta ce babu kowa. Sai ta tambaye ni, idonta na kan allo, wai ranar da aka binne ƙanwata Veta, wane irin takalmi aka sa mata.

Ke ba ki san Veta ba sai a hoto, amma kin san yadda aka kai ta, cikin kayan amarya, yadda ake kai duk budurwar da ta rasu ba ta yi aure ba. Ni na taje mata kai, ni na ɗaura mata rawanin. Saurayin da aka roƙa ya taka a gefen akwatin a matsayin ango yana nan da rai, shi ne tsohon nan mai kiwon zuma. Shekara hamsin da wani abu ban yarda na kalli amarya daga kusa ba, ke ma ranar bikinki kin ce na cika ɓuya a kicin. Yanzu ga jikata tana tambayata ko an sa wa Veta zobe, ko rigar aro ce ko ɗinki, wa ya zaɓa mata. Na daka mata tsawa, na ce rufe mini baki, wannan maganar ba a ɗakina ba. Na fizge wayar wutar daga bango. Allon ya yi baƙi, amma wallahi ji nake tana nan ciki a tsaye tana kallona. Na wawuri tawul na lulluɓe talabijin ɗin ruf.

Sai da na ja baya na ga abin da hannuna ya aikata. Na rufe gilashi da ƙyalle a gidan da ake da mara lafiya, yadda muke rufe madubi in gawa na kwance a ɗaki. Wayyo Allah! Na yaye tawul ɗin na jefa a murhu, sabo fil, wanda kika aiko, na yi alamar gicciye har na rasa ko sau nawa, na tofa a ƙirjina don korar mugun abu. Sorina na zaune tana kallona. Daga baya ta tashi a hankali, tana dafa tebur, ta tsince barkonon da ya watse.

Washegari na je wurin Fada Grigore, limamin cocinmu. Ya saurare ni, ya ce kayan wasan yara ne, kada in ɗora wa kaina, ya ba ni man shafawa mai albarka ya ce in kunna kyandir. Na kunna. Na kira Gelu, ya zo yana mini dariya, wai Mama ta fara rigima da talabijin, gobe sai firji. Ya ce Sorina ta kunna masa ya ga amaryar. Ta kunna. Ƙanenki da bakinsa ba ya mutuwa ya tsaya da hula a hannu, sannan ya fita waje ya sha taba biyu a jere. Da zai tafi ya ce mini a bakin ƙofa, Mama, yarinyar nan ta san wani abu da ba mu sani ba.

Ran Asabar muna zaune a baranda muna ɓarar wake na ce mata yau ko ta faɗa mini ko in hau mota in je in zauna a ƙofar likitan har ya gaji da ganina. Ta san zan iya. Ta ajiye ɓawon da ke hannunta. Ta ce zuwan da suka yi na ƙarshe, lokacin da Gelu ya fita neman wurin ajiye mota, likitan ya zaunar da ita ita kaɗai. Ba ƙaramin aiki ba ne. Za a buɗe ƙirjin, zuciyar ta yi rauni fiye da yadda suka zata, in ba a yi ba ba za ta kai bazara ba, in an yi kuma ba zai iya yi mata alkawarin za ta farka ba. Ita ta hana shi gaya wa kowa, tunda ta kai shekarun da ba a tilasta ta. Ta ce rigar nan ita take so, a nuna wa mai ɗinki hotonta, kada a naɗe ta a tsohuwar rigar matar Gelu mai kafaɗu kamar na soja. Har da wannan ta so ta ba ni dariya. Ni kuwa waken ya zube a cinyata na kasa ko kakkaɓewa.

Na ce uwarki fa? Ta ce in kika taho 'ya'yan tsohuwar za su ɗauki wata, wahalar shekarun nan duka ta tashi a banza. Na ce ƙarya kike, ba wannan ba ne. Sai ta fashe da kuka, irin kukan da ba ta da numfashin yin sa. Ta ce tsoro take ji, Kaka, in ta ga Mama ta shigo da akwati a lokacin da ba Kirsimeti ba ba Ista ba, to ta tabbata ke nan mutuwa za ta yi. Ta jawo ni gaban hoton Budurwa Maryamu ta sa na rantse ba zan gaya miki ba. Na rantse, domin leɓenta sun ƙara duhu kuma ina tsoron ta faɗi a hannuna. Ga shi na karya, Allah ya rubuta a kaina ni kaɗai.

Tun ranar ba na iya haɗiye abinci. In ta yi barcin rana sai in laɓe a bakin ƙofa ina kallon bargon ko yana motsi. Tsoro nake ji, Otilia, irin wanda ban ji ba ko ranar da aka shigo da babanki daga gona. Na binne ƙanwa, na binne miji, ba ni da ƙarfin taje wa wata amaryar kai.

Jiya ta sake kirana gaban talabijin, ta ce saura abu ɗaya. Ta danƙa mini rimot ɗin ta ce in tura ɗan maɓallin gaba. Na tura, jarumin ya taka, sai ga ta cikin farar rigar tana biye da ni. Na tsaya, ta tsaya. Na juya, ta juyo tana dubana. Ta ce in abin bai yi kyau ba, a sa na'urar wasan a kwali a ba direba ya kai miki, Gelu ya koya miki a waya, ba wuya. Wai ta ƙera ta da kyau ne don kada ki manta kamanninta, tunda rabonki da ganinta ido da ido an daɗe. Ta ce wannan kam duk inda Mama ta sa ƙafa za ta bi ta, ba a iya barinta a gida.

Kowa yana gaishe ki. Gelu da matarsa Lenuta suna gaishe ki, Gelu ya ce zai tarye ki a tasha ko wane lokaci ne. Tudora ta ce in miƙa gaisuwarta, haka Fada Grigore. Ki gaishe mini da Rodika 'yar garinmu da kuke haɗuwa a coci, ki roƙe ta ta riƙe miki tsohuwar in za ta iya, in ba za ta iya ba ki bar wa 'ya'yanta kayarsu. Kada ki kira waya kina kuka, za ta gane. Motar da ta kawo miki wannan takarda za ta juyo gida kafin idin, na riga na ce wa direban ya ajiye kujera. In kin shigo za ta tsorata, za ta yi fushi da ni, wataƙila ta daina mini magana, na yarda. Ni dai ba zan sa miki 'yarki a kwali ba. Ki zo ki riƙe hannunta tun yana da ɗumi.

Mahaifiyarki da ke tsaye a bakin hanya tana jiranki,
Zamfira