Rasuwar Mista Malachi Ɗanbaba da Batun Piyanonsa

Cikin alhini da ɓacin rai, Ƙungiyar Masu Sha'awar Tsofaffin Finafinai ta 'Yan Najeriya Mazauna Doha ta samu labarin rasuwar dattijonta kuma makaɗinta, Mista Malachi Ɗanbaba, ma'aikacin gyaran na'urorin asibiti, wanda ya rasu ranar Talata bayan jinyar ciwon huhu.

Marigayin ne ya kawo mana tsohon fim ɗin nan marar sauti, na wani Bature mai tsara kiɗa da ke kai da kawo a ɗaki, yana rubutu yana yagewa, yana kara kunne a jikin piyano. Da yake ba a jin abin da mutumin ke tsarawa, sai marigayin ya ɗauki nauyin sama wa fim ɗin kiɗa. A kwanakin kullen korona, in ya taso daga aiki, yakan zauna gaban piyanonsa na lantarki yana bin fim ɗin fage bayan fage, yana adana abin da ya kaɗa a cikin na'urar. Mun bincika da kyau, mun tambayi duk wanda ya kamata, babu kwafin wannan kiɗa a ko'ina sai a cikinta.

Dole mu faɗi abin da ya biyo baya, ko da wasu za su ga bai dace da ta'aziyya ba. Yana kwance a asibiti, masu kula da gidan da yake haya a unguwar Fereej Abdel Aziz suka buɗe ɗakinsa ba da saninsa ba, suka kwashe kayansa domin su ba baƙin gasar ƙwallon duniya ɗakin. Matarsa, Madam Kezia, ta je neman piyanon, aka sallame ta daga bakin ƙofa da cewa khalas, wato magana ta ƙare. Wannan cin mutunci ne, kuma ba mu yafe ba.

Muna kira ga duk wanda piyanon ke hannunsa da kada ya goge komai, ya dawo da shi kafin taron tunawa da marigayin ranar Juma'a a garin Al Wakrah. Idan bai dawo ba, za mu haska fim ɗin a gaban matarsa da 'ya'yansa ba tare da sauti ba, kowa ya ji abin da aka raba su da shi.

Allah Ya ba shi hutawa, Ya ba Madam Kezia da 'ya'yansa, Job da Happiness, juriyar wannan rashi.

Malam Abdulhakeem Gariba
Sakataren Yaɗa Labarai