Jan Gwangwanin Madam Ilona

Asabar, 3 ga Oktoba, 1987

Balkissa ta sake ture abinci. Shinkafa, ta ce a'a. Tuwo, ta kau da kai. Shayi kawai da gefen burodi. Tun da sanƙarau ya ɗauke yayanta Harouna bayan Sallar Layya haka take. Yarinya 'yar shekara bakwai, awarwaronta har faɗowa yake daga hannu.

Maigida ya yanke magana: idan ba ta fara ci ba, za ta bi gwaggonta Mariamou Maraɗi ƙarshen wata. Wai iskar gida za ta gyara ta. Ɗaya yana cikin ƙasar Riyad, a kabarin da ba a bar ni na gani ba, ɗaya kuma a sa ta a jirgi.  A takardar nan kaɗai nake faɗa, ko da yake hannuna a hankali yake tafiya, da girmana na koyi rubutu.

Litinin, 5 ga Oktoba

Yau Balkissa ta yi magana. Da Larabci, kamar kullum. "Yumma," wato Mama, "ina son abincin Madam."

Na gane. Madam Ilona, tsohuwar da na yi wa aiki a unguwar Murabba, uwar injiniya, 'yar ƙasar Hangari. Duk Alhamis nakan je da yaran, ta dafa musu nakanik, dogayen curin naman shanu, ta sa a cikin burodin samuli, ta zuba wata jar miyar niƙaƙƙen nama a kai. Hot dog suke ce masa. Harouna har gwiwar hannu yake lasa. Ta bi ɗanta Kanada kafin Hajji, ba ta ma san ya rasu ba. Ranar tafiya ta damƙa mini jan gwangwaninta na garin tattasai, paprika take kiransa. Saura bai kai rabi ba.

Ban taɓa dafawa ba. Ni albasa kawai nake yanka mata, na koma guga.

Alhamis, 8 ga Oktoba

Na gwada. Albasa ƙanana a mai, tafarnuwa, sai na zuba garin na soya shi sosai yadda ake soya jajjage, har mai ya taso. Sannan nama, gishiri, kayan ƙanshin nan kamun, ruwa. Ya fito baƙi-baƙi, da ɗaci. Balkissa ta taɓa da harshe ta ajiye. "Mu huwa." Wai ba shi ba ne.

Maƙwabciya ta leƙo aron taɓarya, ta ce, "Ya Ummu Harouna, me ke ƙonewa?" Har yanzu haka suke kirana a nan unguwarmu ta Ulaisha. Ni da ban taɓa kiran sunansa da bakina ba, ɗan fari ne. "Kai yaro" nake ce masa. A takarda kaɗai nake iyawa.

Lahadi, 11 ga Oktoba

Na sake. Na ce wataƙila suyar ce ba ta isa ba, na ƙara wuta. Ya fi na farko ɗaci.

Talata, 13 ga Oktoba

Ina wanke-wanke bayan azahar na ji kamar akwai mutum a bayana, daidai inda Harouna ya saba tsayawa ya saci soyayyar albasa. Ban waiga ba. Na yi a'uziyya. Ba tsoro nake ji ba, wallahi, waigawar ce ba na so, kada na ga bango kawai.

Yaya Mariamou ta zo da akwati sabo daga kasuwar Batha, ƙarami, shuɗi. Ta ce, "Delou, ki bar wahalar da kanki da cimar Nasara. Ki ba ni ita, fura da nono za su tayar da ita." Na ce to, Yaya. Na tura akwatin ƙarƙashin gado da ƙafa.

Garin da ya rage bai wuce na dahuwa ɗaya ba.

Alhamis, 15 ga Oktoba

Ban san yadda zan rubuta wannan ba.

Da hantsi na ɗora tukunya. Albasa ta yi laushi, ta yi kalar zuma. Na karkata gwangwanin, garin ya gama zuba ke nan, wutar gas ta mutu. Ba iska, taga a rufe. Na kunna ashana, shiru. Na tsaya da ludayi a hannu, tsigar jikina ta tashi. Na ce a hankali, "Kai yaro, kai ne?"

Ba abin da zan yi sai juya garin a cikin mai, kada ya dunƙule. Sai man ya yi ja. Ja mai kyau, irin na gidan Murabba, ga ƙanshin nan mai zaƙi-zaƙi ya cika ɗaki. A nan na tuna: Madam takan ja tukunyarta gefe, ta buge hannun Harouna idan ya matsa, tana cewa "Nem, nem!", a'a ke nan a yarensu. Ashe sauke ta take yi daga wuta kafin ta zuba garin. Ni kuwa ina ta ƙona shi, don a gidanmu tattasan da bai soyu ba ɗanye ne, abin kunya ga mace.

Na ruga na aro risho wurin maƙwabciya. Na dama naman da ruwa tukuna don ya watse, na zuba, na bar shi yana tafasa a hankali har ya yi kauri. Na dafa nakanik, na tsaga samuli, ɗanyar albasa a sama.

Balkissa ta fito da kanta, ƙanshi ya jawo ta. Ta ci rabi. Ta tsaya, ta ce, "Harouna yana cire albasarsa ya ba ni." Sai ta fashe da kuka, karon farko tun ranar. Muka yi tare a ƙasan kicin. Da ta gama ta cinye sauran.

Juma'a, 16 ga Oktoba

Maigida ya girgiza tukunyar gas ya ce ƙarewa ta yi, tun makon jiya ya kamata a canja. Na ce haka ne.

Laraba, 28 ga Oktoba

Yaya Mariamou ta tashi jiya. Akwatin ta cika shi da dabino da turare ta tafi da shi. A filin jirgi maigida ya riƙe hannun Balkissa har muka dawo mota.

Alhamis, 5 ga Nuwamba

Na sami paprika a wani babban kanti a Murabba, na ƙasar Sifen. Bai kai na Madam ba, amma Balkissa ba ta yi ƙorafi ba, har shinkafa take zubawa a kai yanzu. Na sauke tukunyar da hannuna. Ban ji kowa a bayana ba, kuma ban tsaya sauraro ba, ina sauri ne.

Sai da na zo wanke tukunya na ga babu saura. Na mutum uku na auna, ba huɗu ba.